Hotunan da Ƙanwata Ta Ɗauka

Mu biyu Inna ta bari a duniya, ni da autarmu. A Unguwar Hajji ta ƙasar Ƙaraye muka tashi. Ni na yi aure a nan gida ina koyarwa a makarantar firamare, ita kuma aure ya kai ta Rogo Sabon Gari, gidan wani mai sayen gyaɗa da masara a ƙauyuka yana kaiwa Kano. Mutum ne marar hayaniya, kuma shi ya fara saya mata babbar waya, ya ce ta riƙa rage kaɗaici idan ya tafi kasuwa.

Da wannan wayar ta fara ɗaukar hoto a gidajen suna, don wasa kawai. Sai mata suka lura cewa nata hoton ba irin na kowa ba ne. Ta san inda za ta tsayar da mace hasken tsakar gida ya sauka a fuskarta, ta kuma san abin da za ta faɗa wa tsohuwa ta yi dariya har wushiryarta ta fito. Amma abin da ya fi kawo mata kasuwa shi ne kasancewarta mace. A wajenmu idan namiji mai hoto ya yi sallama gidan biki, sai ka ga kowace ta zabura neman mayafi, mai rawa ta zauna, amarya ta dunƙule a ƙurya. Wasu mazan ma ba sa barinsa ya wuce zaure. Ita kuwa har ƙuryar ɗaki take shiga. Ta ɗauki amarya ranar lalle da ɗaurin ƙirji, ta ɗauke ta ana yi mata kitso, ta ɗauki iyaye mata suna taka rawa kansu ba ɗankwali. Babu mai ɓoye mata komai.

Kafin a jima ta sayi kyamara, maigidanta ya taho mata da kwamfuta ta hannu daga Kano. Daga Rogo har ƙauyukan da ke kewaye, da wuya a yi bikin da ba a aiko mata da goro ba. Tana da doka guda da ba ta karyawa: hoton mace na mai shi ne. Ko uwar miji ce ta zo nema, sai ta ce a je a tambayi mai hoton. A shafinta na sada zumunta ba ta taɓa sa fuskar kowa ba, sai hannuwa masu lalle da kayan jere. Da hotunan suka yi wa kwamfutar yawa, ta buɗe ma'ajiya a intanet tana zuba su a can, ta rufe da kalmar sirrin da ko ni ban sani ba.

Wata shekara da kaka, lokacin da aka gama cire gyaɗa bukukuwa suka taso ta ko'ina, manhajar da take gyara hotuna da ita ta tsaya. Duk sanda ta buɗe sai wani rubutu ya tare ta, wai wa'adin gwaji ya ƙare, sai an sayi lasisi. Ga aikin mutane ya taru, amare suna ta aike. Ta ɗauro kwamfutar a cikin zane ta hau mota ta zo Ƙaraye, ta same ni na dawo daga makaranta, ta ce in raka ta wajen mai gyara.

Mai gyaran dattijo ne da duk garin ya sani. Da rediyo ya fara tun muna yara, ya koma wayoyi, daga baya ya haɗa da kwamfuta. Shagonsa na bakin kasuwa, cike da wayoyin wuta da gawarwakin na'urori. Muka gaisa, ya tambayi mazajenmu da yara, ya yi wa Inna addu'a don ya san ta. Sannan ya duba allon, ya yi murmushi.

"Wannan ai ba ciwo ba ne, Hajiya," in ji shi. "Masu abin suna so ki riƙa biyansu duk wata da kuɗin ƙasar waje. Wa zai iya? Akwai ɗan mabuɗin da ake sa masa, ya buɗe har abada. Kirak ake ce masa. Kowa da shi yake aiki."

Ya ciro filash daga aljihun gaban rigarsa ya soka a jikin kwamfutar. Nan take kwamfutar ta yi ƙara, wani jan rubutu ya fito a gefe. Ƙanwata ta matso.

"Baba, me take cewa?"

"Mai gadinta ne, antibayiros. Kamar karen da bai san 'yan gida ba yake, kowa ya gani sai haushi. Sai an ɗaure shi kafin baƙo ya shiga."

Ya kashe mai gadin. Kwamfutar ta sake tambaya ko an yarda wannan abu ya yi duk canjin da yake so, ya danna an yarda. Wani baƙin akwati ya buɗe, rubutu ya yi ta gudu a cikinsa, ya rufe da kansa. Da ya buɗe manhajar sai ga ta tana aiki sumul. Ƙanwata ta yi ta godiya. A hanyar komawa ta saya wa yarana rake, tana ta ba ni labarin wata amarya da ke jiran hotunanta a Ruwan Bago, wai yarinyar dariya ba ta barin ta ta tsaya a ɗauke ta.

Aka gama bukukuwan kaka lafiya, aka shiga rani. Ta taɓa ce mini kwamfutar ta fara zafi kamar murhu ko da ba ta aiki da ita, kuma data ba ta daɗewa. Muka ɗora laifin a kan yanayi da tsufan na'ura. Ba wanda ya kawo komai a ransa.

Da azumi ya kusa, wata safiya ta kira ni ina aji. Ba ta saba kira a lokacin ba, don haka na fita baranda.

"Yaya, shafina ya ƙi buɗuwa. Wai kalmar sirrin ba daidai ba ce."

"Ko kin manta ne?"

"Yaya za a yi in manta? Ma'ajiyar hotunan ma ta ƙi. Kuma mata suna ta kirana, wai na tura musu saƙo su danna wani abu su ga sababbin hotunansu. Wallahi ban tura wa kowa komai ba."

Na ce ta kwantar da hankalinta, wataƙila matsalar sabis ce. Na koma aji na ci gaba da darasi, amma muryarta ta tsaya mini a kunne.

Abin da ya biyo baya a bakin mutane muka fara jin sa. Wani ɗan Ruwan Bago da ke ci-rani a kudu yana duba waya, sai ya ci karo da wani shafi na masu neman abokan hira. A jikin shafin ga hoton matar maƙwabcinsa, amaryar nan mai dariya, da ɗaurin ƙirji, gashinta a tsefe, ƙafafunta cikin lalle. An sa mata wani suna daban, an rubuta maganganun da ba zan maimaita ba. Bai kira mijin ba. Ya tura wa wani abokinsa a ƙauyen, abokin ya nuna a majalisa, kafin la'asar hoton ya zagaye wayoyin garin. Mijin ne na ƙarshen gani.

Kafin mako ya zagayo an ga na wasu matan, a Rogo da wasu ƙauyuka. Duka hotunan cikin ɗaki ne, kuma duk wanda ya gani ya san mutum ɗaya ce ke shiga irin waɗannan ɗakunan da kyamara.

Na nemi izini a makaranta na tafi Rogo. Na tarar da ƙanwata zaune a ƙasa a tsakar ɗakinta, kwamfutar a rufe a gabanta, ba ta ci komai ba. Maigidanta na zaure yana ba mutane haƙuri, wasu su shigo da sallama, wasu ba sallama. Ina jin wani yana ɗaga murya, yana cewa nawa aka biya ta ta sayar da mutuncin matarsa. Ta ɗago ta dube ni.

"Yaya, ke kin yarda ban yi ba?"

Na ce ko a mafarki ban zarge ta ba. Sai a lokacin ta yi kuka.

Muna da ɗan baffa da ke aikin kwamfuta a Kano. Washegari maigidanta ya kai mu wajensa. Ya karɓi na'urar, abu na farko da ya yi shi ne raba ta da intanet. Ya daɗe yana dubawa, sannan ya tambaya ko an taɓa sa mata wani abu na buɗe manhaja ba da lasisi ba. Muka dubi juna, muka ba shi labarin filash ɗin da baƙin akwatin.

Ya girgiza kai. Ya ce mabuɗin ya buɗe manhajar da gaske, amma ba shi kaɗai ya shigo ba. Masu haɗa irin wannan abu su saka a intanet kyauta ba don Allah suke yi ba. Da yawansu sukan cusa ɓarawo a ciki. Shi ya sa suke cewa sai an kashe mai gadi, kuma sai an ba su izinin taɓa komai. Daga ranar da aka danna an yarda, in ji shi, wani da ba mu sani ba ya samu ƙofa a cikin kwamfutar. Duk kalmar sirrin da ta ajiye a ciki ya kwashe, duk abin da ta rubuta yana gani. Zafin da take yi da datar da ke ƙarewa, aikinsa ne yake yi da na'urarta. Ya yi shiru wata da watanni, ya kwashi abin da zai kwasa, sannan ya canza makullan.

"To a ina yake?" in ji maigidanta. "A nuna mini shi."

Ɗan baffan namu ya ce, "Yaya, wataƙila ba ya ƙasar nan ma. Kuma wanda ya sata daban, wanda ya saya daban, wanda ya buɗe shafin daban. Su ba su san Rogo ba, ba su san matan nan ba. Hoto kawai suka gani da za su yaudari maza da shi."

Ƙanwata ta tambaye shi abu ɗaya: ko za a iya dawo da hotunan, a goge su daga inda suka je. Ya ce za a kai ƙorafi a rufe shafukan da aka gani, zai taimaka, wataƙila a karɓo mata ma'ajiyarta. Amma abin da aka riga aka kwafa ba mai iya tattaro shi. Ya faɗi hakan a hankali yana kallon ƙasa.

Kafin mu dawo gida labari ya riga mu: an saki amaryar Ruwan Bago. Mijin ya ce ita ta buɗe shafin da kanta, in ba haka ba yaya aka yi take dariya a hoton.

Ƙanwata ta ce sai ta je. Maigidanta ya hana, ya ce rai a ɓace yake, a bari ƙura ta lafa. Ta ce ƙurar a kan wata take sauka, ba a kanta ba. Da ya ga ba za ta haƙura ba ya ce in bi ta. Muka hau acaɓa biyu da hantsi, muka bi ta gonakin da aka fara share wa damina. Muka fara zuwa gidan iyayen yarinyar. Uwarta ta amsa sallamarmu, ta shimfiɗa tabarma, ta kawo ruwa, don mutanen kirki ne. Yarinyar ta fito daga ɗaki sanye da hijabi har ƙasa a cikin gidan ubanta. Ta rame. Ta durƙusa ta gaishe mu, ta ce wa ƙanwata, "Anti, ina kwana," kamar babu abin da ya faru. Ƙanwata ta kama hannunta ta riƙe.

Daga nan uban yarinyar ya raka mu gidan mijin. Aka zauna a zaure, da mijin da mahaifinsa da limamin unguwar. Ƙanwata ta yi bayani tun daga farko. Ta ce ita ta ɗauki hoton ranar lalle, a ɗakin uwar amarya, mata ne kaɗai a wurin. Dariyar kuwa ita ta sa ta, don ta tsokane ta da sunan angon. Ta ce daga wajenta aka sace, yarinyar ba ta san komai ba, kuma a kawo Alƙur'ani ta dafa. Liman ya ce ba sai an kai ga haka ba. Mahaifin mijin ya yi ta jan carbi, ya ce shi bai fahimci yadda ɓarawo zai shiga akwatin da ke rufe a ɗaki ba, amma ya ga alamar gaskiya a fuskarta.

Mijin saurayi ne, manomi, idanunsa sun yi ja. Tun da muka zauna bai ɗago ba. Da aka ce ya yi magana, ya ce:

"Na yarda, Hajiya. Tun kafin ki zo ma zuciyata ta gaya mini. Amma duk majalisar da na wuce, na san abin da ke cikin wayoyinsu. Wanda zan yi sahu da shi a masallaci ya ga matata. Ki gaya mini yadda zan yi da wannan."

Liman ya yi nasiha mai tsawo a kan haƙuri da zato da alhakin wanda bai ji ba bai gani ba. Mijin ya saurara har ƙarshe, ya ce a ba shi lokaci. Muka taso. Lokacin da ya nema ya wuce, idda ta cika, bai mayar da ita ba. Daga baya na ji ya bar garin ya tafi ci-rani, bai dawo noman shekarar ba.

Mai gyaran da ya ji abin da ya faru, da ƙafarsa ya zo gidana. Ya tsaya a zaure ya cire hularsa yana juya ta a hannu. Ya ce shi ma wani ne ya tura masa abin, ya sa wa mutane da yawa, har kwamfutar ɗansa. Ya ce da ya san da ɓarawo a ciki, da ya gwammace ya ce mata bai iya ba. Ya roƙe ni in kai shi wajenta ya nemi gafara. Na kira ta a waya a gabansa, ta ce a gaya wa Baba ba ta riƙe shi ba, taimako ya yi niyya. Ya fita yana share ido da hannun riga. Na ji an ce ya bi waɗanda ya tuna ya sa wa, yana ce musu su kai a wanke na'urorinsu. Wasu suka kai, wasu suka ce tasu lafiyarta ƙalau.

Ɗan baffanmu ya yi ƙoƙari. An rufe wasu shafukan, wasu suka sake ɓullowa da wasu sunaye. Ya kuma samu ya karɓo mata ma'ajiyar. Ranar da ya turo mata sabuwar kalmar sirri ina Rogo. Ta buɗe a wayarta, muka ga hotunan suna nan jere, shekara bayan shekara, ɓarawon bai goge ko ɗaya ba. Ta yi ta wucewa da yatsa, amare da jarirai da tsofaffi, wasu sun rasu. Sai na ga ta zaɓe su gaba ɗaya.

"Me za ki yi?"

"Gogewa."

"Ki tsaya, Auta. Akwai na Inna a ciki. Na sallar da ta yi ta ƙarshe, ba mu da su a ko'ina."

Ta tsaya, ta nemo su. Inna a bakin murhu tana kare fuska da hannu don ba ta son hoto, Inna da jikokinta, Inna tana barci a kan dadduma. Ta daɗe tana kallo. Na ce ta tura mini su kawai, sannan ta goge sauran.

"Yaya, ita ma kanta ba ɗankwali a nan," ta ce. "Su ma waɗannan suna wajen ɓarayin."

Ban taɓa tunanin wannan ba sai da ta faɗa. Ta tura mini guda ɗaya, wanda Inna ke sanye da mayafi za ta tafi idi, ta goge duk sauran. Kwamfutar kuma ɗan baffanmu ya wanke ta tas, ya sa mata manhajojin da masu su suka bayar kyauta ta halal, ya ce za su yi mata aikin. Ba ta ƙara buɗe ta ba. Maigidanta ya ba wani ɗan'uwansa ita.

Mutane sun daina maganar a hankali, kamar yadda ake daina kowace magana. Yawanci sun gane ba ita ta yi ba. Amma gidajen da ta saba shiga har ƙurya, yanzu idan ta je barka ko gaisuwa a tsakar gida ake shimfiɗa mata tabarma. Wasu matan da suka taso tare ba sa amsa kiranta. Ta ce mini ba ta ganin laifinsu, ita ma da ita ce haka za ta yi. A bukukuwan Rogo kuma aka fara sa wata a bakin ƙofa ranar lalle tana karɓar wayoyi.

Yanzu ƙuli-ƙuli da man gyaɗa take yi a gida, maigidanta na kawo mata gyaɗar. Tana samun rufin asiri. Ta yi ƙiba kaɗan, ta rage surutu. Bara da kaka na je na tarar tana tuya, hayaƙi ya cika tsakar gidan, ta ce in zauna nesa kada ya kama mini kaya. Muna cikin hira ta ce an ɗaura wa yarinyar Ruwan Bago aure da wani mutumin wajen Zariya, wanda aka gaya masa komai ya ce ya ji ya gani. Uwar yarinyar ta aiko mata da goro da alawa.

"Za ki je?" na tambaye ta.

Ta juya ƙulin da ke cikin mai, ta tsame, ta zuba wani.

"Na aika da gudummawa," ta ce. "Gara ta yi bikinta ba ta ga fuskata ba."